Tambaya ɗaya, amsa huɗu: muhawarar zaure kan BODMAS da fawa mai mainos

Maman Ummi: Assalamu alaikum jama'ar zaure. Don Allah malamai ku taimaka mana. Ga aikin gida da aka ba 'yata, tana aji ɗaya na babbar sakandare:

(2/3)⁻² − 6 ÷ (3/4) × 2⁻³ + 2⁻²

Ita ta samu 1. Yayanta ya duba ya ce 3/2 ne. Ƙawarta kuma ta turo mata 59 da 5/9. Littafin babu amsoshi a bayansa. Wanne za ta kai wa malami gobe?

Nura: Wa alaikumus salam, Mama. Ni na gwada yanzu, −61.5 na samu.

Maman Ummi: Ikon Allah. Sun zama huɗu ke nan.

Malam Habu: Wa alaikumus salam. Hajiya, yayanta ne ya yi daidai, 3/2 ce amsa. Ga yadda ake bi. Da farko a warware duk mai fawa, wato ƙaramar lambar nan da ake rubutawa a saman kafaɗar wata: (2/3)⁻² ya zama (3/2)², wato 9/4. 2⁻³ shi ne 1/8. 2⁻² shi ne 1/4. Sai tambayar ta koma haka: 9/4 − 6 ÷ (3/4) × 1/8 + 1/4. Daga nan a shiga tsakiya: 6 ÷ (3/4) daidai yake da 6 × 4/3, wato 8. Takwas sau 1/8 ya ba da 1. Saura 9/4 − 1 + 1/4. A cire 1 daga 9/4 a samu 5/4, a ƙara 1/4 a samu 6/4, wato 3/2. BODMAS ne kawai, wato kalmar da ake haddace jerin matakan lissafi da ita (B baka, O "of", D rabawa, M ninkawa, A tarawa, S ɗebewa), babu wani abu ɓoyayye.

Malama Zainabu: Amsar Malam ita ce, babu ja. Amma Malam, da girmamawa, ban yarda cewa "BODMAS ne kawai" ba, domin ina da yaƙinin BODMAS ɗin ne ya kai Ummi ga 1. Maman Ummi, ki duba layin ƙarshe na aikinta. Ina tsammanin ta iso 9/4 − 1 + 1/4 lafiya lau, sannan ta tara 1 da 1/4 tukuna ta samu 5/4, ta cire daga 9/4.

Maman Ummi: Wallahi haka ta yi, Malama. Ta ce A na gaban S, saboda haka tarawa ake fara yi kafin ɗebewa.

Malama Zainabu: To kin gani. Yarinyar ba ta yi sakaci ba, abin da aka haddasa mata ta bi harafi bayan harafi. Ta iya juya 2/3, ta iya fawa, ta iya rabawa da kaso, duk wuraren da ake faɗuwa ta tsallake su, sai a matakin ƙarshe waƙar da aka koya mata ta kayar da ita. Wannan yana ƙona min rai, domin kowace shekara sai na ga irinsa a takardun ɗalibaina.

Tarawa da ɗebewa matsayinsu ɗaya, wanda ya fara zuwa daga hagu shi ake fara yi. Ki ce mata ta ɗauka tana da naira 1000, ta sayi abu na 300, sannan aka ba ta 200. A rubuce 1000 − 300 + 200 ne. Nawa ne a hannunta? 900. In ta bi A kafin S, za ta tara 300 da 200 ta cire, ta ce 500 ya rage mata. Babu yaron da zai yarda da wannan in kuɗinsa ne.

Malam Habu: Malama, ba laifin BODMAS ba ne, laifin wanda ya koyar da shi rabi da rabi ne. Mu tun muna aji, ana rubuta shi a allo ana haɗa D da M da layi ɗaya, a haɗa A da S da layi ɗaya, a ce waɗannan tagwaye ne, daga hagu zuwa dama ake bin su. Haka na koyar har na yi ritaya. Yaro yana buƙatar abin riƙewa a ɗakin jarrabawa, lokacin da hankalinsa ya tashi. In kika ƙwace masa BODMAS me za ki ba shi?

Malama Zainabu: Zan dawo kan wannan, Malam, bari in sallami sauran amsoshin biyu tukuna. Nura, kai ka fara ninka 3/4 da 1/8 ka samu 3/32, sannan ka raba 6 da shi ka samu 64, ko?

Nura: Haka ne Malama. A YouTube na ga wani malami yana koyar da PEMDAS, M kafin D.

Malama Zainabu: Shi ne wanda ake amfani da shi a Amurka. Ka lura da abin mamakin: su M ke gaba, mu D ke gaba, kuma lissafin duniya ɗaya ne, ɗan Amurka da ɗan Najeriya dole su samu amsa ɗaya. Wannan kaɗai ya isa ya nuna maka jerin haruffan ba shi ne dokar ba. Ninkawa da rabawa ma matsayinsu ɗaya. A 6 ÷ (3/4) × 1/8, rabawa ce ta fara zuwa daga hagu, ita za ka fara.

Mai 59 da 5/9 kuwa ciwonta daban ne, kuma ya fi tsanani. Ta ɗauka mainos ɗin da ke kan fawa yana sauko wa lambar ne. Ta mai da 2⁻³ zuwa −8, 2⁻² zuwa −4, (2/3)⁻² zuwa −4/9. Ku gwada da waɗannan, 59 da 5/9 za ku samu cif.

Nura: Malama, gaskiya wannan wurin haddace shi kawai na yi. An ce in ka ga mainos a sama ka juya lambar. Amma me ya haɗa mainos da juyawa?

Malam Issa (Damagaram): Salamu alaikum. Ƙanena Nura, bari in amsa maka wannan, don shi na fi son koyarwa. Ɗauki takarda ka rubuta su a jere, ɗaya ƙarƙashin ɗaya:

2⁴ = 16
2³ = 8
2² = 4
2¹ = 2

Duba da kyau. Duk lokacin da fawa ta ragu da ɗaya, me ke faruwa da amsar? Ana raba ta biyu. To kada ka tsaya, ci gaba da sauka. Bayan 2¹ sai 2⁰: raba 2 biyu, ka samu 1. Shi ya sa 2⁰ yake 1, ba sifili ba. Sauka kuma: 2⁻¹, raba 1 biyu, rabi. 2⁻², raba rabi biyu, rubu'i. 2⁻³, sumuni, wato 1/8. Ka ga lambar tana ta ƙanƙancewa, amma ba ta taɓa faɗawa ƙasa da sifili ba, kuma ba za ta faɗa ba ko ka kai 2⁻¹⁰⁰. Fawa ta sama da sifili tana ƙirga sau nawa aka ninka, mai mainos tana ƙirga sau nawa aka raba. Juyawar da aka ce ka yi daga nan ta fito: (2/3)⁻¹ yana nufin 1 ÷ (2/3), kuma ka san raba 1 da 2/3 shi ne 3/2.

Wata hanyar tabbatarwa: dokar da ka sani ta cewa in za a ninka 2³ da 2² sai a tara fawowin. Gwada ta a kan 2³ × 2⁻³. Uku da mainos uku sun ba da sifili, 2⁰, wato 1. To wace lamba za ka ninka da 8 ka samu 1? Sai 1/8. Da −8 ce, da −64 za ka samu, dokar ta rushe.

Nura: Allah ya saka da alheri, Malam. Yanzu ya zauna. Ke nan 0⁻¹ fa?

Malam Issa (Damagaram): 1 ÷ 0 ke nan, kuma ba a rabawa da sifili. Ba shi da amsa. Ka latsa a kalkuleta ka ga abin da za ta ce maka.

Game da gardamar Malam Habu da Malama kuma, mu nan Nijar a lakwal da Faransanci ake karatu, kuma ni ban tashi da wata kalma irin BODMAS ba. Ƙa'idojin fifiko kawai aka koya mana hawa-hawa: baka, sannan fawa, sannan ninkawa da rabawa tare, sannan tarawa da ɗebewa tare. Amsarmu ɗaya da taku, sai dai mu 1,5 za mu rubuta da waƙafi inda ku kuke rubuta 1.5.

Malam Habu: To ai Malam Issa abin da ka lissafa shi ne BODMAS, suna ne kawai ba ku ba shi ba.

Malama Zainabu: Akwai bambanci, Malam. Nasa hawa huɗu ne, namu haruffa shida ne a jere, kuma yaro in ya ga abu shida a jere zai ɗauka matakai shida ne. Layin da kuke ja a allo yana haɗa tagwayen, a allo yake tsayawa. Abin da ke bin yaro gida shi ne kalmar.

Ga kuma wata matsalar da ta fi wannan. A yawancin azuzuwanmu O ɗin nan "of" ake cewa, kamar a ce rabin kaza ko sulusin kaza. To ina fawa a cikin BODMAS ke nan? Babu ita sam. Yaro ya taso tun firamare da kalmar da ba ta san da fawa ba, ya zo sakandare a jefo masa 2⁻³ a tsakiyar tambaya, ya rasa a wane mataki zai taɓa shi. A Ingila wasu makarantu sun koma cewa BIDMAS saboda I ɗin ya tsaya wa indisis, wato fawa.

Abin da nake ba ɗalibaina, tunda ka tambaya: ina sa su mai da kowace rabawa ninkawa, su mai da kowace ɗebewa tarawa. ÷ (3/4) ya zama × 4/3. − 1 ya zama + (−1). In suka yi haka, tambayar Ummi ta koma 9/4 + (−1) + 1/4, kuma yanzu ko ta ina ka fara tarawa 3/2 za ka samu. Tsakiyar ma ta koma 6 × 4/3 × 1/8, ko ta ina ka fara 1 ne. Rigimar wa ke gaban wa ta mutu, saboda alamar ta manne wa lambarta tana tafiya da ita.

Malam Habu: Wannan dabara ce mai kyau, kuma ga 'yan babbar sakandare na yarda da ita ɗari bisa ɗari. Amma ɗan aji biyar na firamare bai san lamba mai mainos ba tukuna. Ba za ki ce masa + (−1) ba. Shi dole sai an ba shi tsari, kuma ajin da ke da yara tamanin ko fiye, malami ɗaya, ba kowa za ka bi ka fahimtar ba. Ina nan kan bakana: a gyara yadda ake koyar da shi, kada a jefar.

Kuma "of" ɗin da kike rainawa yana da aikinsa. Duba 1/2 ÷ 1/3 of 3/4. A tsarin littattafanmu sai an fara fitar da sulusin 3/4, wato 1/4, sannan a raba rabi da shi, a samu 2. In da × aka rubuta a wurin, daga hagu za a bi, a samu 3/2 × 3/4, wato 9/8. Irin wannan tambaya tana zuwa wa yaranmu a jarrabawa, kuma wanda bai san matsayin O ba zai faɗi.

Malama Zainabu: Ban raina shi ba, Malam. Cewa na yi ya cinye gurbin fawa.

Sadiya: Malamai ku yi haƙuri in shigo da wata. Ina aji biyu a jami'a, muna amfani da manhajar lissafi ta Excel. Na rubuta =-2^2 ya ba ni 4. Na latsa −2² a kalkuletata ta Casio ta ba ni −4. Wanne ne ya lalace?

Injiniya Bala: Babu wanda ya lalace, ƙanwata. Excel an gina shi ne yana fara manna mainos ɗin farko a jikin lambar kafin ya yi fawa, sai ya karanta abin a matsayin (−2)². Ki rubuta =0-2^2 ki gani, −4 zai ba ki, domin yanzu ya ɗauke shi a matsayin ɗebewa. A yaren kwamfuta na Python kuma in kika rubuta -2**2, −4 zai ba ki kai tsaye. A lissafin takarda da na jarrabawa, na Casio ɗin ne daidai: −2² yana nufin a yi 2² tukuna, sannan a sa masa mainos. Ni dai a Excel ban taɓa barin irin wannan babu baka ba, domin kuskuren ba ya ihu, shiru zai yi ya lalata miki dukan jadawalin.

Malama Zainabu: Sadiya ta taɓo inda ya fi kayar da ɗalibai in fawa mai mainos ta haɗu da lamba mai mainos. Ku dubi waɗannan ukun:

−2⁻² = −1/4
(−2)⁻² = 1/4
(−2)⁻³ = −1/8

A na farko fawar ta 2 ce kaɗai, mainos yana waje yana jira. A na biyu baka ta rungume mainos ɗin, saboda haka 1 ÷ (−2 × −2) ne, ya fito 1/4. A na uku sau uku aka ninka −2, ya ba da −8, sai −1/8. Mainos na sama aikinsa juyawa, ba ruwansa da ko amsa za ta fito da mainos ko babu. Wannan hukuncin na lambar ƙasa ne da kuma ko fawar mara ce ko cika.

Nura: To wai wa ya zauna ya yanke cewa fawa ce gaba da mainos? Me ya sa ba a bi irin na Excel ba?

Malam Issa (Damagaram): Ba wani mutum ɗaya ko wani taro da ya yanke. Al'adar rubutu ce da ta ginu tare da aljabra. Rubuta ƙaramar lamba a saman kafaɗar harafi, irin x³, René Descartes ne ya yaɗa shi a 1637. Tun kafin shi, wani Bafaranshe, Nicolas Chuquet, ya yi amfani da fawa mai mainos a rubutunsa na 1484, kuma Isaac Newton ya rubuta su irin yadda muke yi yau a wata wasiƙa ta 1676. Dalilin fifikon kuwa a fili yake in ka dubi abu kamar 5 − x². Kowa ya san ana nufin a ninka x da kansa a cire daga 5. In ka sauya musu wuri ka rubuta −x² + 5, dole ma'anar ta zauna yadda take. Da mainos ke gaba, da sauya wuri kawai ya canza amsa, kuma da sai an cika kowane layi na aljabra da baka.

Layin nan na kwance da muke raba lambar sama da ta ƙasa da shi ma yana da tarihi: ana jingina shi ga al-Hassar, masanin lissafi na Magrib a ƙarni na 12. Na kawo shi ne don shi kansa baka ne a ɓoye. Duk abin da ke samansa dunƙule yake, haka na ƙasansa. Matsalar tana tasowa ne in mun zo rubutu a waya, inda komai ke kan layi ɗaya. Da Maman Ummi ta rubuta 6 ÷ 3/4 babu baka, wani zai karanta shi 6 ÷ 3 ÷ 4 ya samu rabi, maimakon 8. Ta kyauta da ta sa bakar.

Maman Ummi: Ummi ce ta ce in sa, ni kwafa kawai na yi.

Auwalu: Wannan ai irin 8 ÷ 2(2+2) ɗin nan ne da aka yi ta faɗa a kai a Twitter a 2019, wasu na cewa 16 wasu na cewa 1.

Shugaban zaure: Auwalu don Allah kada mu buɗe wannan yau, mun sha yin sa a nan. Waccan an rubuta ta ne yadda za ta ɗauki fassara biyu. Ta Ummi fassara ɗaya gare ta.

Injiniya Bala: Bari in ƙara wani tarko da bai fito a tambayar ba amma ɗan'uwansu ne, kuma a wurin aikina nake haɗuwa da shi. In aka haɗa resisto biyu (abin da ke rage gudun wutar lantarki, ana auna shi da om) gefe da gefe, jimillarsu ita ce (1/R₁ + 1/R₂)⁻¹. Na sha ganin yaran da ke koyon aiki a hannuna sun ga −1 ɗin nan a waje, sai su juya kowane kaso shi kaɗai, su ce R₁ + R₂ ne. A ce ɗaya om 6 ne ɗaya om 3. Su za su ce 9. Alhali 1/6 + 1/3 rabi ne, a juya shi ya zama 2. Ka ɗora mita a kai, 2 za ta nuna maka. Tsakanin 2 da 9 kuwa, a harkar wuta, akwai ƙonewar kaya.

Haka in famfo ɗaya yana cika tanki a awa 2, wani a awa 3, ka kunna su tare: (1/2 + 1/3)⁻¹. Cikin baka 5/6, a juya, 6/5 na awa, wato awa ɗaya da minti 12. Mai juya su ɗaya-ɗaya zai ce awa 5, wai famfo biyu sun fi famfo ɗaya jinkiri.

Malam Habu: Madalla, Injiniya. Kuma ka ga a nan B ɗin BODMAS ne ya cece ka: a gama da cikin baka tukuna.

Malama Zainabu: A kan B ba mu taɓa saɓani ba, Malam. Abin lura dai, fawa tana rabuwa a kan ninkawa da rabawa, shi ya sa (2/3)⁻² ya halatta a ce 2⁻² bisa 3⁻². Ba ta rabuwa a kan tarawa da ɗebewa.

Malam Tukur: Assalamu alaikum. Ni ba malamin boko ba ne, karatu nake bi a nan. Amma tara 1/2 da 1/3 ɗin da Injiniya ya yi, mu a rabon gado kullum cikinsa muke. In mutum ya rasu ya bar mata da uwa da uba da ɗa namiji, mata sumuni, uwa sudusi, uba sudusi. Sai mu nemi asalin da 8 da 6 duk za su shiga, wato 24. Mata 3, uwa 4, uba 4, saura 13 na ɗa. Tambayata, in zan rubuta shi irin naku, 1 − 1/8 − 1/6 − 1/6 ne, ko sai na sa baka?

Malam Habu: Wa alaikumus salam, Allah ya gafarta Malam. Yadda ka rubuta daidai ne, daga hagu za a bi: 24/24 a cire 3, a cire 4, a cire 4, saura 13/24. In kana son tara masu rabo tukuna, sai ka rubuta 1 − (1/8 + 1/6 + 1/6), nan baka ta zama dole. In ka cire ta ka bar alamomin tarawa, ka ƙara wa dukiyar ne maimakon ka rage.

Tunda yara na bibiya, ga ɗaya ku gwada, a nuna aiki layi-layi, kada a turo amsa tsirara:

(1/2 − 1/3)⁻² ÷ (−3)² − 2⁻¹ + (2/5)⁻¹

Nura: Cikin baka: 3/6 − 2/6 = 1/6. (1/6)⁻² = 36. (−3)² = 9. 2⁻¹ = 1/2. (2/5)⁻¹ = 5/2. Ya zama 36 ÷ 9 − 1/2 + 5/2. 36 ÷ 9 = 4. Na bi hanyar Malama: 4 + (−1/2) + 5/2. Mainos rabi da 5/2 sun ba da 2. Amsa 6.

Malam Habu: Daidai, Allah ya yi albarka. To in na matsar da ƙaramin 2 ɗin ya shiga cikin baka, ya zama ÷ (−3²), sauran duk yadda suke?

Sadiya: Sai ya zama −9, Malam. 36 ÷ (−9) = −4. Sannan −4 − 1/2 + 5/2 = −2.